Sassaben Zamani a Maraɗi da Damagaram: Rawar Manoma da Dokar Gari wajen Farfaɗo da Ƙasar Noma

A kudancin Jamhuriyar Nijar, daga Tawa zuwa Maraɗi har Damagaram, akwai gonaki da faɗinsu ya kai kimanin hekta miliyan 5, ɗauke da itatuwa wajen miliyan 200 waɗanda babu su a farkon shekarun 1980. Ƙiyasin ya fito ne daga aikin da Gray Tappan na hukumar binciken ƙasa ta Amurka ya yi da hotunan jirgin sama da na tauraron ɗan'adam, haɗe da binciken gari-gari da Chris Reij da Mahamane Larwanou da abokan aikinsu suka gudanar a tsakiyar shekarun 2000. Mafi yawan itatuwan nan ba dasa su aka yi ba, ba a kuma biya kowa ladan ban ruwa a kansu ba. Tohon kututture ne da na saiwoyin da ke cikin ƙasa tun da can, sai 'ya'yan itace da suka tsiro daga kashin dabbobi, waɗanda manoma suka daina sarewa suka koma reno. Wannan dabara ita ake kira sassaben zamani.

Wurin da abin ya faru shi ya sa ya cancanci nazari. Ƙasa ce ta jigawa, ruwan da take samu a shekara bai cika wuce milimita 600 ba, a wasu sassan ma bai kai 400 ba, kuma jama'arta na ƙaruwa da fiye da kashi 3 cikin 100 duk shekara. A lissafin da masana suka daɗe a kansa, yawan mutane a irin wannan ƙasa ƙarewar itace yake haifarwa. A nan kuwa itatuwan sun fi yawa a inda mutane suka fi cunkoso. Hujjar wannan takarda ita ce dabarar sassabe kaɗai ba ta isa ta bayyana haka ba. Abin da ya canza shi ne amsar tambayoyi biyu: itacen da ke cikin gona na wane ne, kuma wa zai hukunta wanda ya sare shi da dare.

Yadda gonaki suka zama fili fetal

Kafin zuwan Turawa, itace a gona abu ne mai daraja kuma mai doka. Ana rawaito cewa sarakunan Damagaram na ƙarni na 19, musamman Sarki Tanimun, sun kafa hukunci mai tsanani a kan duk wanda ya sare gawo ba da izini ba. Ko da an yi ƙari a labarin, yana nuna an san amfanin itacen tun tuni. Manomi kan bar gawo da ɗorawa da kuka da tsamiya da kanya a tsakiyar gero, ya noma gona 'yan shekaru, sannan ya bar ta ta huta ta zama saura har daji ya sake rufe ta.

Mulkin mallakar Faransa ya taɓa wannan tsari ta fuska biyu. Ta farko ita ce dokar daji ta 4 ga Yuli 1935 da aka shimfiɗa a dukan ƙasashen Afirka ta Yamma da ke hannun Faransa. Dokar ta mayar da duk dajin da aka ɗauka ba shi da mai shi mallakar hukuma, ta kuma ware wasu itatuwa da aka hana taɓawa sai da takarda. Nijar mai 'yancin kai ta gaji wannan tunani kusan yadda yake a dokarta ta daji ta 1974, wadda ta sa gawo da kuka da tsamiya da ɗorawa da giginya da goriba da aduwa cikin itatuwan da aka tsare. A takarda, kariya ce. A gona kuwa ma'anarta ita ce mutumin da ya reni gawo shekara goma zai iya shan tara idan ya sare reshe ɗaya don jinkar rumbu. Jami'in gandun daji ya zama abin tsoro, itace ya zama abin jawo masifa. Mai hankali sai ya tumɓuke tsiron tun yana ƙarami, kafin ya girma ya zama na gwamnati.

Fuska ta biyu ita ce gyaɗa. An matsa wa Maraɗi da Damagaram su noma ta don biyan haraji da sayarwa ƙetare, kuma malaman gona suka riƙa koyar da cewa gona ta gari ita ce wadda aka share tas, babu kututture da zai karya garmar shanu, babu reshen da tsuntsu zai sauka ya ci hatsi. Koyarwar ta shiga jini har ta zama ma'aunin mutunci: wanda ya bar sabara da kalgo a gonarsa rago ne. Da jama'a suka ƙaru, saura ta ƙare, gona ta daina hutawa.

Sai fari ya zo ya tarar da ƙasa tsirara. Na 1968 zuwa 1974 ya kashe dabbobi masu ɗimbin yawa, na 1984 ya zo da yunwa. Mutanen da ba su da abin sayarwa suka faɗa wa ragowar itatuwa suna kai itacen girki birni. Mata suka koma girki da kara da kashin shanu, wato abin da ya kamata ya koma gona ya zama taki shi ne ya shiga murhu. A farkon damina iska kan taso da yashi ta yanke tsiron gero ko ta binne shi, manomi ya sake shuka sau biyu, sau uku, wani lokaci har iri ya ƙare.

Shekarun dashe

Maganin da hukuma da masu ba da agaji suka kawo shi ne dashe. Aka buɗe wuraren renon iri, aka raba dogon yaro da turare da wasu itatuwan ƙetare, aka killace filayen gari da waya, ranar 3 ga Agusta ta samun 'yancin kai ta zama ranar dashen itace. A watan Mayu na 1984 gwamnatin Seyni Kountché ta kira babban taron ƙasa kan yaƙi da hamada a Maraɗi. Ba duka aikin ne ya tafi a banza ba. Layukan dogon yaro masu tare iska da ƙungiyar CARE ta fara dasawa a kwarin Majiya a 1975 sun rayu, haka ma aikin Keita da Italiya ta ɗauki nauyinsa daga 1984 ya gyara ƙasa mai yawa. Amma kuɗin da suka ci ya fi ƙarfin a maimaita su a kowane gari. An ƙiyasta cewa cikin itatuwa kimanin miliyan 60 da aka dasa a ƙasar a tsawon shekara 20, waɗanda suka rayu ba su kai kashi 20 cikin 100 ba. Gara da awaki da rani sun ci nasu rabon, amma babban dalili shi ne ba wanda ya ɗauki itacen a matsayin nasa. Lokacin dashe kuma ya faɗo daidai lokacin noman farko, sa'ad da babu magidancin da zai bar geronsa ya je ban ruwa a filin da bai san wa zai ci amfaninsa ba.

Abin da ke ƙarƙashin ƙasa

Tony Rinaudo, masanin aikin gona ɗan Ostareliya, ya iso Maraɗi a 1981 a ƙarƙashin ƙungiyar mishan ta SIM, shi ma da aikin dashe, shi ma ya sha kaye irin na sauran. A 1983 ya lura cewa ƙananan kurmin da ke warwatse a gonaki, waɗanda ake sarewa duk shekara a ƙone, ba ciyawa ba ne. Itatuwa ne da aka sare, saiwarsu na nan da rai, ta yi nisa cikin ƙasa, kuma kowace shekara tana fitar da toho. Tsiron da aka dasa yakan kwashe shekaru yana neman ruwa. Tohon kututture kuwa ya gaji saiwar da ta riga ta kai ga danshi, shi ya sa girmansa ke da sauri.

Aikin ba shi da wuya. A lokacin sassabe, kafin damina, manomi zai zagaya gonarsa ya zaɓi kututturen da yake so ya bari. Cikin toho goma ko ashirin da suka fito a jikin kowanne, sai ya bar ɗaya zuwa biyar mafi ƙarfi da miƙewa, ya sare sauran. Waɗanda ya bari zai rage musu rassan ƙasa har wajen rabin tsawonsu, yana sara daga ƙasa zuwa sama da adda ko gatari mai kaifi don kada ɓawon ya tsage. Wasu kan ɗaura tsumma a jiki, alamar cewa wannan yana da mai shi. Bayan 'yan watanni sai a dawo a sake gyarawa. Rassan da aka rage su ne itacen girki na shekarar farko, don haka amfani yana fara shigowa tun itacen bai girma ba. An ƙiyasta kuɗin aikin bai kai dala 20 a hekta ba, kuma kusan dukansa ƙarfin manomin ne.

Mutum wajen goma ne suka fara gwadawa, suka sha dariya, aka kuma riƙa sace musu itatuwan. Yunwar 1984 ce ta buɗe ƙofa. Shirin SIM ya haɗa rabon abinci da sharaɗin barin itatuwa a gona a garuruwa kusan 100, aka reni wajen itace 500,000. Da aka samu damina mai kyau, rabon abinci ya tsaya, kusan kashi biyu cikin uku na manoman suka sare nasu. Wannan ɓangare na tarihin bai cika fitowa a rahotannin yabo ba, alhali shi ne mafi koyarwa: abin da aka saya da buhun hatsi ya ƙare ranar da hatsin ya ƙare. Kashi ɗayan da suka riƙe nasu su ne suka zama hujja. Maƙwabta suka ga geronsu bai ragu ba, tsironsu bai binne ba, matansu ba sa tafiyar nesa neman itace, kuma suna da sandunan gini na sayarwa. Daga nan dabarar ta riƙa tafiya da ƙafarta, a kasuwa da wurin biki da bakin 'yan ci-rani.

Kuskure ne a mayar da labarin na mutum ɗaya, kuma shi Rinaudo kansa bai yi wannan da'awa ba. Binciken da Larwanou da abokansa suka yi a 2006 a Magarya da Matamai da Mirya ya gano kimanin hekta miliyan 1 da gawo ya rufe, a yankin da babu wani babban shiri da ya koyar da dabarar. Mutanen can tsohon saninsu suka koma wa da ƙasa ta ƙure musu. Gawo itace ne mai saɓa wa sauran: yana zubar da ganye da damina, don haka ba ya tare wa gero rana, sannan ya yi kore da rani lokacin da dabba ba ta da abin ci. Ganyen da ya zuba taki ne, saiwarsa na ƙara wa ƙasa ƙarfi, dabbobin da suka taru a inuwarsa suna cin 'ya'yansa kuma suna barin kashi a wurin. Duk manomin yankin ya san geron gindin gawo ya fi na fili. A Tawa kuma wata dabarar ce ta yi tasiri: a 1989 wasu manoman Illela suka ziyarci Yatenga ta Burkina Faso, suka dawo da hanyar haƙa ƙananan ramuka a fako ana zuba taki, wadda suke kira tassa. Iri da ke cikin takin ya tsiro, fako ya koma gona mai itatuwa, har aka fara saye da sayar da ƙasar da a da ba mai karɓarta kyauta.

Janyewar hukuma da tashin dokar gari

Duk wannan ba zai yiwu ba in da jami'in gandun daji ya ci gaba da yanka tara kamar da. A tsakiyar shekarun 1980 jami'an Maraɗi suka amince su sassauta wa manoman da ke renon itace a gonarsu. Sauran sassaucin kuwa rauni ne ya kawo shi, ba niyya ba. Farashin yuraniyom ya faɗi, baitulmali ya bushe, Kountché ya rasu a 1987, aka shiga rikicin siyasar da ya kai ga taron ƙasa na 1991. Ma'aikata suka yi watanni ba albashi, ba man zuwa ƙauye. A wannan giɓi ne manoma suka fara ɗaukar itacen gona a matsayin nasu, doka kuma ta biyo baya a hankali. Dokar 1992 ta ba garuruwa damar kafa kasuwannin itace na karkara su riƙe wani kaso na haraji. Kundin dokokin karkara na 1993 ya amince da mallakar gona ta gado daidai da ta takarda, ya kuma kafa kwamitocin kula da filaye. Sabuwar dokar daji ta fito a 2004, sannan a Yulin 2020 gwamnati ta fitar da doka ta musamman kan renon itatuwan gona, wadda ta tabbatar wa mai reno haƙƙin cin amfanin abin da ya rena. Tsakanin fara aikin da wannan doka akwai shekara 37.

Janyewar hukuma ta magance tsoron tara, ba ta magance sata ba. Da rani gonaki a buɗe suke, kowa na ratsawa, kuma al'ada ta ɗauki itacen daji a matsayin na kowa. Mutum ɗaya ba zai iya gadin gonarsa dare da rana ba, musamman in ya tafi ci-rani Kano ko Legas. A nan ne gari ya shigo. Misalin da aka fi nazari shi ne Ɗan Saga, a gundumar Agiye ta jihar Maraɗi, inda mutane suka kafa kwamitin sa ido da tallafin wani shiri na asusun bunƙasa aikin gona na duniya, IFAD. Kwamitin ya ƙunshi maza da mata, manoma da makiyaya. A taron gari ake tsara dokokin, a sanar da su a kasuwa, mai gari da jami'in gandun daji su sa hannu. Akwai masu zagayen gonaki, akwai tara ga wanda aka kama, kuɗin kuma na shiga asusun gari. Rahoton da Tougiani Abasse da Chaibou Guero da Rinaudo suka wallafa a 2009 ya ambaci irin waɗannan kwamitoci 53 da ke kula da garuruwa 170 a yankin. Aikin jami'in gandun daji ya sauya: wanda a da ake ɓuya idan an hango shi ya zama wanda ake kira idan mai laifi ya fi ƙarfin gari.

Tsarin ya yi daidai da abin da Elinor Ostrom, wadda ta samu kyautar Nobel a fannin tattalin arziki a 2009, ta gano a wuraren da al'umma ke kula da dukiyar tarayya ba tare da ta lalace ba: iyaka sananniya, doka da masu bin ta suka tsara da kansu, masu sa ido daga cikin jama'a, hukunci daidai laifi, wurin sasanci mai sauƙin kai, da hukumar sama da ta yarda da ikon na ƙasa. Sai dai akwai bambancin da ya kamata a kula da shi. Itacen Ɗan Saga ba na tarayya ba ne. Na mai gona ne, shi ke yanke shawarar wanda zai bari da wanda zai sare. Abin da gari ya haɗu a kai shi ne tsaron haƙƙin kowane mutum. Filayen dashe na gari da aka yi a shekarun 1970 sun juya lamarin: aiki na kowa, amfani na wanda ba a sani ba. Masu tsara shirye-shirye da ke jin kalmar al'umma su ɗauka ana nufin gayya a fili ɗaya suna maimaita wannan kuskuren har yau.

A Maraɗin dai, a 1991, CARE ta fara shirin Mata Masu Dubara, wanda ya ɗauki tsohuwar al'adar adashi ya gyara ta. Mata ashirin zuwa talatin kan haɗu duk mako su zuba kuɗi a akwati mai makulli, su ba juna rance, su raba abin da ya taru a ƙarshen zango. Babu jarin waje a ciki. Tsarin ya bazu zuwa ƙasashe da dama na Afirka da wajenta. Ba shirin itace ba ne, amma gininsu ɗaya: dukiyar ta masu ita ce, dokar tasu ce, na waje koyarwa kawai ya kawo.

Amfani, da iyakar alƙaluma

Rahoton da Reij da Tappan da Melinda Smale suka rubuta wa cibiyar IFPRI a 2009 ya ƙiyasta ƙarin hatsi tan 500,000 a shekara, abincin mutum miliyan 2.5. Wannan adadi ya yi yawo a duniya, amma ya kamata a san yadda aka same shi: an ɗauka kowace hekta ta ƙaru da kilo 100, aka ninka da hekta miliyan 5. Lissafi ne mai ma'ana, ba awon gona-gona ba. Binciken Eric Haglund da abokan aikinsa a jihar Maraɗi, wanda ya fito a 2011, ya sami ƙarin kuɗin shiga na kashi 18 zuwa 24 cikin 100 a gidajen da ke yin sassaben zamani. Alamu sun fi nuna cewa babban amfanin yana cikin abin da itacen kansa ke bayarwa: itacen girki, sandunan gini, harawar rani, magani, ganyen miya. A Mirya ganyen kuka sana'a ce ta mata mai kawo kuɗi sosai. A wuraren da aka yi bincike a Damagaram, lokacin da mace ke ɓatawa neman itace ya sauko daga wajen awa biyu da rabi a rana zuwa rabin awa.

Amfanin ya fi bayyana a shekarar da damina ta ƙi. Bayan fari da farin ɗango na 2004, yunwa ta kama Nijar a 2005, kuma Maraɗi na cikin inda ta fi tsanani. Masu bincike sun ba da rahoton cewa garuruwa masu itatuwa sun fi jurewa, domin suna da abin sarewa su sayar su sayi hatsi, da ganye da 'ya'yan itace na ci, da abin ba dabbobi. Itace a nan ajiya ce da fari ɗaya ba ya cinyewa.

Akwai masu cewa ruwan sama ne ya dawo, ba wani abu ba. Gaskiya ne damina ta gyaru daga shekarun 1990 idan aka gwada da na 1970 da 1980, kuma hakan ya taimaka. Amma ruwa bai san iyakar gona ba. In shi kaɗai ne, da dajin da ba mai shi ya farfaɗo daidai da gonaki, alhali a wurare da yawa dajin hukuma da makiyayar tarayya sun ci gaba da lalacewa yayin da gonakin da ke gefensu ke cika da itace. Wani abin lura kuma shi ne abin da ya dawo ba tsohon dajin ba ne. Sabara da kalgo da gawo ne suka mamaye. Itatuwa irin su ƙirya da ɗanya da ɗorawa, inda saiwarsu ta riga ta mutu, ba sa dawowa sai an dasa. Dabarar tana tayar da mai sauran rai ne kawai.

Waɗanda tsarin bai rungume ba

Tunda itace na mai gona ne, marar gona ba shi da rabo. Wannan ita ce babbar matsalar tsarin ta fuskar zamantakewa. A da matalauci da bazawara kan shiga kowace saura su yi itace. Yanzu kowane kalgo da mai shi. Wanda ke noma gonar aro ko ta jingina ba zai reni itace ba, sau da yawa ma mai gonar ba zai bari ba, don renon itace alama ce ta mallaka. Binciken Marthe Diarra da Marie Monimart na 2006 ya nuna yadda ƙarancin ƙasa a kudancin Maraɗi ke fitar da mata daga noma: gamanar da miji kan yanka wa matarsa daga gandu tana ƙanƙancewa, a wasu gidajen ta ɓace. Macen da ta fi kowa sanin wahalar itace ita ce mafi ƙarancin iko a kan inda yake tsirowa. Sanya mata a kwamiti abu ne mai kyau, amma kujera a taro ba ta maye gurbin gona.

Sai makiyaya. Fulani da Abzinawa sun saba sassaƙe rassan gawo da rani su ba dabbobi, kuma tsohuwar yarjejeniya ita ce su sauka a gona bayan girbi, dabbobi su ci kara su bar taki, a ba su hatsi. Da manomi ya fara kiwon nasa, ya kwashe kara ya adana, ya kuma ce gawon nasa ne, sai makiyayi ya ga an rufe masa ƙofa a hankali, ga burtali da mashaya da gonaki ke cinyewa. Yankin ya san inda irin wannan rikici ke kaiwa: a Toda, a jihar Maraɗi, an kashe fiye da mutum 100 a 1991, yawancinsu mata da yaran makiyaya. Dokar kiwo ta 2010 ta amince da 'yancin yawon makiyaya, kuma garuruwan da suka sa su cikin tsara doka tun farko sun fi samun zaman lafiya. Amma makiyayin da ke wucewa sau biyu a shekara ba ya zaman taron gari, dokar da aka yi ba ya nan kuwa ita za a hukunta shi da ita. Ga kuma rashin tsaro: tun 2019 'yan gudun hijira daga Zamfara da Sakkwato da Katsina ke kwarara Gidan Runji da Madarunfa, kuma kwamitin gari mai sanda ba shi da ta cewa a gaban mai bindiga.

Tsallaken iyaka

Dabarar ta fita Nijar. Ƙungiyar World Vision ta kai ta Humbo a Habasha da wasu ƙasashe, kuma a 2018 Rinaudo da Yacouba Sawadogo, manomin Yatenga da ya farfaɗo da dabarar ramukan taki, suna cikin waɗanda aka ba kyautar Right Livelihood. Shirin Babbar Ganuwar Itatuwa da Tarayyar Afirka ta amince da shi a 2007 ya faro ne da tunanin dasa layin itace daga Senegal zuwa Jibuti, daga baya aka sa masa burin gyara hekta miliyan 100 kafin 2030. Rahoton Majalisar Ɗinkin Duniya na 2020 ya nuna kimanin hekta miliyan 4 aka gyara a yankin da aka shata, wato ƙasa da abin da manoman Nijar suka yi da adda.

Arewacin Nijeriya ba baƙon wannan ilimi ba ne. Michael Mortimore, wanda ya koyar a jami'o'in Zariya da Kano, ya nuna tun tuni cewa gonakin kewayen Kano, duk da cunkoson jama'a, sun riƙe itatuwansu, saboda kowane itace a can yana da mai shi sananne. Daura da Magarya, Jibiya da Madarunfa, harshe ɗaya ne, ƙasa ɗaya, dangi ɗaya. Amma hotunan sama da Tappan ya gwada a wasu sassan iyakar sun nuna ɓangaren Nijar ya fi itace. Hukumar ganuwar itatuwa ta Nijeriya, wadda aka kafa da doka a 2015 don jihohi 11 na bakin hamada, da ma'aikatun muhalli na jihohin, har yanzu sun fi auna nasararsu da yawan tsiron da aka raba. Adadin da ya fi dacewa a nema shi ne na itatuwan da ke raye bayan shekara biyar. Kafin a ware kuɗin wani sabon dashe, majalisun jihohin Katsina da Jigawa da Yobe da Sakkwato na da aikin da ba ya cin kuɗi: su rubuta a doka cewa itacen da manomi ya rena a gonarsa nasa ne, su fayyace rabon mai gonar aro da na mace da na makiyayi a cikinsa, su kuma ba kwamitin gari ikon hukunta wanda ya sare shi.